Lar da Ranga: Awon Tafiya da Ikon Mulki a Daular Numenor ta Tolkien

Taƙaitawa

Wannan takarda tana nazarin ma'auni biyu da J.R.R. Tolkien ya ƙaga wa mutanen daular Numenor, wato ranga da lar. Za mu nuna cewa lar ya ɗaure nisa da lokaci cikin kalma guda, cewa jikin sojan daula ne tushensa, kuma cewa labarin mutuwar Isildur shi ne wurin da marubucin ya gwada wannan ma'auni har ya gaza. Daga ƙarshe za mu duba matsalar fassara shi zuwa Faransanci da Hausa.

0. Gabatarwa

Mai nazarin ƙagaggen labari ya saba tsayawa a kan jigo, da zubi, da salo, da taurari. Abin da yakan tsallake shi ne ƙananan kalmomin awo: nisan hanya, tsawon mutum, kwanakin tafiya. Yakan ɗauke su a matsayin kwalliyar da marubuci ya yafa wa duniyarsa don ta yi kama da gaske. Alhali duk wanda ya taɓa awon hatsi a kasuwa ya san cewa mai riƙe da tiya shi ke da magana. Ma'auni yana da mai shi, kuma tambayar farko da ta kamata a yi masa ita ce: wa ya yanka shi, da jikin wa aka yanka shi?

Wannan tambaya ce za mu yi wa lar da ranga. Mun zaɓe su domin marubucin bai tsaya ga raɗa musu suna ba, ya ba da lissafinsu daki-daki, har mai nazari yana iya bin sawunsa da alƙalami ya ga inda lissafin ya tsaya da inda ya karkace.

1. Inda bayanin yake

Tolkien (1892-1973) malamin tsohon Ingilishi ne a jami'ar Okusfod ta Ingila. Babban littafinsa, wanda masu karatu da Faransanci suka sani da sunan Le Seigneur des anneaux, ya fito a 1954 da 1955. Kalmar lar ba a cikinsa aka bayyana ta ba. Tana cikin Unfinished Tales, tarin rubuce-rubucen da ɗansa Christopher ya tsara ya fitar a 1980, aka fassara shi zuwa Faransanci a 1982 da sunan Contes et légendes inachevés. A nan ne ake samun gajeren labarin halakar rundunar Isildur a fadamar Gladden, tare da bayanan ƙarshe da rataye a kan ma'aunin tsawo na Numenor.

Numenor tsibiri ne a cikin teku, yamma da Ƙasar Tsakiya inda sauran labaran ke gudana. Mutanensa sun fara zuwa gaɓar Ƙasar Tsakiya a matsayin masu koyarwa, daga baya suka kafa tashoshi irin su Umbar da Pelargir, suka aza haraji, suka sare dazuzzuka don sassaƙa jiragen ruwa. Teku ya haɗiye tsibirin a shekara ta 3319 ta Zamani na Biyu, bisa ƙidayar labarin. Waɗanda suka tsira, a ƙarƙashin Elendil da ƴaƴansa Isildur da Anarion, su suka kafa masarautun Arnor da Gondor. Ke nan muna gaban daula ce mai jiragen ruwa da ƴan mulkin mallaka, kuma ma'aunin da muke nazari ya ƙetaro teku tare da ita.

Ga lissafin. Ranga shi ne takun cikakken namiji mai tafiya da hanzari ba tare da takura ba, daga dugadugin ƙafar baya zuwa yatsan ƙafar gaba. Tsawonsa wajen inci 38, wato santimita 96 da rabi. Ranga 5,000 su ne lar guda, wato mita 4,826. Asalin ma'anar kalmar lar a harshen Kwenya shi ne tsayawa ko ɗan hutu, domin in ba a cikin gaggawa ake ba, runduna takan numfasa duk lokacin da ta ci wannan nisa.

2. Lar: nisa ne ko lokaci?

Bayanin da Tolkien ya yi a kan tafiyar sojojin Isildur ya amsa wannan tambaya. Soja da cikakkun makamansa yana cin lar 8 a yini ba tare da wahala ba. Tafiyar yinin takan ɗauki wajen awa 10 da rabi: awa 8 ana tafe, awa 1 ta hutun tsakar rana, saura kuma gajerun hutu a ƙarshen kowane lar. In muka raba awa 1 da rabi da ta rage a kan tsayawa 6, kowace za ta kama minti 15. A cikin gaggawa ana iya cin lar 12 a yini, amma ba na dogon lokaci ba.

Lar 8 cikin awa 8: ashe lar tafiyar awa guda ce. Sunansa kuma daga ƙarshensa aka ɗauko shi, daga lokacin da ƙafa ta tsaya. Mai cewa tsakanin gari kaza da gari kaza lar 16 ne, ya faɗi abu uku a numfashi ɗaya: tsawon hanya, kwana 2 na tafiya, da yawan wuraren da za a sauke kaya a huta.

Masanin adabin nan na Rasha, Mikhaïl Bakhtine, ya kira irin wannan haɗuwa da sunan kuronotof, wato ƙullin zamani da wuri a cikin labari. Ya aro tunanin ne daga kimiyyar Einstein, kuma ya ba hanya muhimmanci na musamman, domin a kan hanya ne lokaci yake zama abin da ido ke gani. Abin lura game da lar shi ne ya matse wannan ƙulli cikin gaɓa ɗaya ta furuci. Bakhtine yana neman kuronotof a zubin labari gaba ɗaya. Tolkien ya sa shi a cikin ƙamus na mutanen labarin.

Ba Tolkien ya fara wannan dabara ba, tarihi ya riga shi. Hirodot ya ce hanyar sarki ta daular Farisa daga Sardis zuwa Susa tana da masauki 111 da farsakh 450, kuma tafiyar kwana 90 ce, wato farsakh 5 a yini. Mil na Rumawa taku 1,000 ne na ƙafa biyu. A fiƙihun Malikiyya, nisan da ke halatta ƙasaru barid 4 ne, wato farsakh 16 ko mil 48, kuma malamai sukan fassara shi da tafiyar yini 2 ta raƙuma masu kaya. Shi kansa Tolkien ya yi soja a Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya halarci fagen Somme a 1916, a lokacin da ƙa'idar sojan ƙasa na Ingila ita ce a yi tafiyar minti 50 a huta minti 10, ana cin wajen mil 3 a awa. Kamar da ke tsakanin wannan da lar a fili take.

Hasali ma mita da muke koyarwa a lakkol ta koma ga lokaci. A 1791 an ƙayyade ta a Faransa daga girman duniya, kashi ɗaya cikin miliyan 10 na nisan da ke tsakanin ƙuryar arewa da layin tsakiyar duniya. Tun 1983 kuwa, mita ita ce nisan da haske ke ci a sarari cikin kashi ɗaya bisa 299,792,458 na daƙiƙa. Bambancin shi ne haske ba ya gajiya kuma ba shi da ƙabila. Lar kuwa yana da ƙafa, ƙafar kuma tana da mai ita.

3. Ƙafar wa?

Tolkien ya faɗa da kansa cewa ranga ya ɗara yadin Ingila ne saboda tsawon mutanen Numenor. Ranga 2, wato mita 1 da santimita 93, shi ake kira tsayin mutum. Elendil ya zarce wannan da kusan rabin ranga, wato ya doshi mita 2 da santimita 40. Mu lura da abin da ya faru a nan: kalmar mutum ta zama lamba, lambar kuma tsawon jikin masu mulki ce. Duk wanda bai kai ranga 2 ba, a harshen awo bai cika tsayin mutum ba.

Hobit su ne shaida. Sunan da sauran al'ummu ke kiransu da shi yana nufin rabi, kuma rataye na littafin 1980 ya bayyana cewa rabin tsawon mutumen Numenor ake nufi. Su a tsakaninsu kuduk suke ce wa kansu. Banakil, mai ma'anar rabi, sunan da na waje suka ba su ne. Al'umma guda ke nan ta shiga tarihi da sunan da aka samo ta hanyar raba jikin wani gida biyu. Haka kuma lar, wanda yake tafiyar awa guda ga sojan Gondor, ba zai taɓa zama awa guda ga Frodo da Sam ba. Nisan ɗaya ne, lokacin ya bambanta. Ƙullin zamani da wuri da ke cikin kalmar yana riƙe ne muddin mai tafiyar ɗan daula ne, namiji, soja, lafiyayye, mai guzuri. Da ƙafar ta sake, sai ƙullin ya kwance.

A nan ne muke ganin ƙwarewar marubucin. Littafin 1954-1955 labari ne na yadda waɗanda ma'auni ya kira rabi suka yi tafiyar da masu cikakken tsayi suka kasa. Isildur, mai ƙafar da aka yanka ranga da irinta, ya kasa jefa Zoben a wuta, yana tsaye kusa da dutsen. Bayan shekara sama da 3,000, gajerun ƙafafu ne suka kai shi bakin ramin. A gefe guda kuma, lokacin da Aragorn da abokansa biyu suka bi sawun Ork a ƙasa, suka ci lig 45, wato wajen kilomita 217, kafin cikar kwana 4, Eomer ya yi mamaki har ya yi masa laƙabi. Wanda ya san lissafin lar zai gane cewa abin da Aragorn ya yi shi ne tafiyar gaggawa ta kakanninsa, lar 12 ko fiye a yini. Ƙafarsa ta ba da shaidar asalinsa tun kafin ya hau gadon sarauta.

4. Ranar da lissafi ya karye

A shekara ta 2 ta Zamani na Uku, a farkon watan da ya yi daidai da Satumba, Isildur ya tashi daga Osgiliath zai tafi Imladris, inda matarsa da autansa Valandil suke. Yana tare da ƴaƴansa uku, Elendur da Aratan da Ciryon, da dakaru 200. Tsawon hanyar da ya zaɓa lar 308 ne, wato wajen kilomita 1,486. A raba 308 gida 8, a samu kwana 38 da rabi. Isildur ya yanke kwana 40. Lissafin bai da aibi, har ma ya bar rarar kwana 1 da rabi.

Abin da lar bai ƙunsa ba shi ne ya kashe su. An yi ruwa da iska kwana 4, kogin Anduin ya cika, dole rundunar ta bar gaɓa ta hau tudu wajen gefen daji. A yammacin kwana na 30 dakarun Ork, waɗanda suka ninka su yawa, suka faɗo musu daga cikin dajin. A cikin zancen Isildur da babban ɗansa, nisa ya daina zama lamba a kan taswira: an bar Moriya da Loriyen can baya, ƙasar Thranduil kuma tana gaba da tafiyar kwana 4. Lar 32 ke nan, kuma a daren nan lar 32 da lar 300 duk ɗaya ne. Bayan sun kore harin farko sun sake kama hanya, amma da ƙyar suka ci mil guda abokan gaba suka dawo. Mil guda sulusin lar ne. Ma'aunin da sunansa yake hutu, rundunar ba ta kai ga hutunsa na ƙarshe ba. Mutum uku kaɗai suka tsira. Isildur ya sa Zoben ya ɓace, ya tuɓe sulke ya faɗa kogi, Zoben ya suɓuce daga yatsansa, maharba suka gan shi suka harbe.

In muka yi amfani da awon saurin labari na Gérard Genette, wanda ya bayyana a Figures III a 1972, wato gwada tsawon lokacin da ya wuce a cikin labari da yawan shafukan da aka ba shi, za mu ga kwana 30 sun wuce cikin ƴan sakin layi, yammaci guda da darensa kuma sun cinye ragowar labarin. Muddin lar yana aiki, babu abin faɗa. Labari yana farawa ne daga inda ma'auni ya gaza. Shi kuma lissafin awa da taku an tura shi can cikin bayanan ƙarshe, a bakin wani malami mai sanyin murya da ke ƙirga hutun mutanen da muka riga muka ga gawarsu. Wannan tazara tsakanin zafin labari da sanyin lissafi ita ce, a ganinmu, mafi ƙarfin abin da ke cikin wannan matani.

5. Inda ƙagen ya yi rauni

Duk da haka akwai abu biyu da bai kamata mai nazari ya kau da kai daga gare su ba.

Na farko, lar ya yi kama da lig na Ingila fiye da kima. Lig yadi 5,280 ne. Lar yadi 5,277 da ƙafa 2 da inci 4. Bambancin inci 80 ne, wajen mita 2 a cikin kusan kilomita 5. Tolkien ya gabatar da wannan kamar dacewa ce, har ya gargaɗi mai karatu kada ya ɗauki daidaiton a matsayin tabbas. Amma mai lissafi zai ga cewa daga lig aka faro aka komo baya: an raba shi gida 5,000, abin da ya fito aka kira shi takun mutumen Numenor. Dalilin a bayyane yake, domin littafin 1954-1955 ya riga ya cika da lig da mil, kuma marubucin yana wasa da cewa shi mai fassara tsohon kundi ne kawai. Sakamakon shi ne baƙon ma'auni ya zo ya zauna daidai cikin takalmin Ingila. Mai karatu Bature bai taɓa jin tuntuɓen da mai koyon awon wani yake ji ba, alhali wannan tuntuɓe shi ne darasin da lar ya fi cancanta ya koyar.

Na biyu, ranga ya zama sandar awon daraja. Rataye ya ce tsayin zuriyar Numenor ya yi ta raguwa a Ƙasar Tsakiya, kamar yadda tsawon ransu ya ragu. Tsawo da asali da cancantar sarauta sun hau layi ɗaya, wannan kuwa tunani ne da Turai ta ƙarni na 19 ta san shi sarai, lokacin da ake auna ƙoƙon kai da tsayin mutanen da aka mallaka. Adalci ya sa mu ƙara da cewa Tolkien bai bar masu wannan ra'ayi sun ci riba ba: yaƙin basasar Gondor na shekara ta 1432, wanda masu ƙyamar gauraya jini suka tayar a kan sarki Eldacar, ya nuna su a matsayin masu ɓarna. Amma sandar awon tana nan a hannun mai ba da labari, bai taɓa ajiye ta ba.

6. Matsalar fassara

Mai fassara zuwa Faransanci yana da kalmar lieue a hannu, kuma ita ake samu a fassarar Francis Ledoux ta 1972-1973. Sai dai lieue da mai karatu ya sani, irin ta littafin Jules Verne na 1870, kilomita 4 ce. A kan hanyar Isildur bambancin ya haura kilomita 250. Kalmar ta riƙe ƙamshin tsufa, ta saki lissafi, ta kuma saki ma'anar hutu.

Mai fassara zuwa Hausa yana da hanya huɗu. Kilomita tana ba da nisa daidai, amma tana kashe lokaci da jiki gaba ɗaya. Farsakh mil 3 ne kamar lig, amma yana ɗauke da ƙamshin zauren malamai wanda bai dace da sansanin soja ba. Zango shi ne mafi kusa ta wajen tunani: wurin da ayari ke sauka ne, sannan ya zama nisan da ke tsakanin sauka da sauka, har ya zama sunan unguwa kamar Zangon Damagaram da zangunan Kumasi da Akara. Hausa, kamar Kwenya, ta raɗa wa tafiya suna daga tsayawarta. Amma zango tafiyar yini ce, kuma ba shi da tsayayyen tsawo: rijiya da kiwo da shawarar madugu su ke yanka shi. Wannan bambanci shi ne zuciyar maganar. Zango yana bin ƙasa, lar kuwa ƙasa ake so ta bi shi. Da Isildur da zango yake lissafi, da ruwan kwana 4 yana cikin lissafinsa.

Saboda haka shawararmu ita ce hanya ta huɗu: a bar lar da ranga yadda suke a bakin mutanen Gondor da Arnor, a bayyana su sau ɗaya da taku da tafiyar awa, a ajiye zango ga tafiyar yini ta lar 8. Mai karatun Hausa ya san kamu da gaba da taku, ya san kuma cewa kamun dogo ba kamun gajere ba ne, shi ya sa ake gardama wajen awon igiya. Irin wannan mai karatu zai gane siyasar ranga tun kafin a yi masa bayani, in dai fassara ba ta rufe masa ita da kilomita ba.

7. Kammalawa

Mun ga cewa lar tafiyar awa guda ce ta sojan Numenor, mai suna daga hutun da ke ƙarshenta. Cewa ranga ya mai da jikin masu mulki ma'aunin kowa, har ya raɗa wa wata al'umma suna rabi. Cewa labarin fadamar Gladden ya nuna iyakar wannan lissafi. Kuma cewa marubucin ya rage wa ƙagensa kaifi da ya daidaita shi da lig na ƙasarsa. Aikin da ya rage wa ɗalibanmu shi ne su ɗauki wannan tambaya, ƙafar wa aka auna da ita, su kai ta ga wasu matani: rahotannin matafiyan Turai da suka ratsa Sahara suna ƙirga awa a bayan raƙumi, da labaran fatake na Gwanja, da ƙagaggun labaran Hausa inda jarumi kan yi tafiyar kwana arba'in cikin jimla ɗaya. A kowanensu akwai wanda takunsa ya zama doka, da wanda ya bi a baya yana haki ba a ƙirga shi ba.